Yadda ake haɗa katako da katako ba ƙusa ba gam, irin aikin kafintocin dauri

A kusa da birnin Leipzig na ƙasar Jamus, masu tonon kayan tarihi sun gano wasu rijiyoyi da aka yi wa bango da katakon oak, wani itace mai tauri. Da aka ƙirga zobban shekaru na jikin itacen, sai aka ga an sare shi sama da shekara 7,000 da suka wuce. Waɗanda suka yi aikin ba su san ƙarfe ba, balle zarto ko ƙusa. Da weji, wato abu mai kaurin gindi da siririn baki, suke tsaga gungume, da gizagon dutse suke sassaƙe shi. Duk da haka sun fafe gurbi a jikin wani katako, sun fitar da harshe a bakin wani, sun zura wannan cikin wancan, sun kulle da guntun itace. A Hemudu ta ƙasar Sin ma an samu irin wannan haɗi a gine-ginen da suka kai kusan waɗannan shekarun. Jirgin ruwan Fir'auna Khufu da aka tono a gefen babban dalar Giza a 1954, guntu 1,224, mafi yawansu na itacen al'ul ɗin Lebanon, tsawonsa ya haura mita 43, shi ma harsunan katako da ɗaurin igiya ne suka riƙe allunansa.

Abin da ya sa kafintoci suka daɗe a kan wannan hanya ba boyayye ba ne. Kafin injinan yanka ƙusa su bayyana a shekarun 1790, kowace ƙusa sai maƙeri ya buga ta ɗaya bayan ɗaya. Darajarta ta kai sojojin Rum, da za su bar sansaninsu na Inchtuthil a Sikotland wajen shekara ta 87 miladiyya, suka binne ƙusa kusan 875,000 a rami, aka zo aka tone su a 1960. Ga kuma tsatsa, wadda ke cin ƙarfen ta ɓata itacen da ke kewaye da shi. Itace kuwa yana zama lafiya da ɗan'uwansa. Har rigima an yi a kan wannan haɗi: a 1632 hukumomin birnin Landan sun raba aiki tsakanin ƙungiyoyin sana'a biyu, masu haɗa kujeru da gadaje da harshe da gurbi a gefe guda, kafintocin da ke buga alluna da ƙusa a ɗaya gefen.

Ni a ganina duk mai son sanin tarihin kayan aikin hannu ya fara da yin wannan haɗi da hannunsa. A nan ne zai gane dalilin da ya sa kowane ƙarfe yake da siffar da yake da ita.

Tara kayan aiki, ka wasa su

Ba su da yawa: zarto mai ƙananan haƙora, kurfi mai kauri wanda wasu ke kira cizal, gudumar katako, sikwaya ta daidaita kusurwa, wuƙar zane, mahuji, da dutsen wasi. Kada ka bugi ƙotar kurfi da gudumar ƙarfe, za ta farfashe.

Kafin ka taɓa katako, zauna ka wasa kurfinka. Fara da bayansa, ka kwantar da shi a kan dutse ka goga har ya yi sumul, domin bayan nan shi ne ma'aunin da zai miƙar maka da bangon gurbi. Sannan ka wasa bakin a karkace kamar digiri 30. Idan ka ji wani siririn gashin ƙarfe ya taso ta baya, bakin ya kai. Share shi, ka gwada a kan ƙarshen katako mai taushi. Kurfi mai kaifi yana fitar da ɓawo siriri, dakusasshe kuwa murƙushe itacen yake yi ya bar fari-fari. Kafintocin Masar da tagulla suka yi aiki, ƙarfen da ba ya riƙe kaifi, sai sun yi ta komawa kan dutse. Taushin tagullar ne ma ya sa zartonsu ke ci idan an jawo shi, domin da turawa ake yi da ya lanƙwashe. Kafintocin Japan har yau a kan jawowar suke.

Zaɓi katako

Nemi guntaye biyu busassu, masu miƙaƙƙiyar jijiya, babu ƙulli a inda haɗin zai zauna. Don koyo, mai kaurin santimita 3.5 zuwa 4 ya isa. Idan ɗaya ya fi ɗaya bushewa, shi za ka yi wa harshe. Itace yana tsukewa ta faɗinsa idan yana bushewa, ta tsawo kuwa da ƙyar yake motsi. Harshen da aka yanka a ɗanyen itace zai rame a cikin gurbinsa ya koma yana rawa.

Goge fuska ɗaya da gefe ɗaya na kowane guntu har su miƙe, ka sa musu alama da fensir. Daga waɗannan biyun kaɗai za ka ɗauki duk wani awo. Da zarar ka auna wani layi daga gaba, wani daga baya, haɗin ya karkace tun kafin a fara sara.

Zana kafin ka yanka

Kaurin harshe ya zama kusan kashi ɗaya cikin uku na kaurin katakon. Ya fi haka siriri, ya karye. Ya fi haka kauri, bangon gurbin ya yi rauni ya tsage. Amma kada ka tsaya lissafin milimita, faɗin kurfinka shi ne alƙali. Katako mai kaurin milimita 36 da kurfi mai milimita 12 sun dace. Ɗora kurfin a tsakiya, ka fitar da layi biyu daidai faɗinsa, a kan mai gurbi da kuma kan mai harshe, duka daga fuskar da ka yi wa alama.

Layin kafaɗa, wato inda harshe ya tsaya katako ya koma cikakken kaurinsa, da wuƙa za ka ja shi a jikin sikwaya, ka zagaye katakon da shi. Layin fensir yana da kauri, kuma yana barinka cikin shakkar ta wane gefe za ka bi. Wuƙa kuwa tana yanke jijiyar sama, ta bar maka tsagi wanda bakin kurfi zai faɗa ciki da kansa. Sai ka yi zane-zane a kan ɓangaren da za a zubar. Ƙwararru ma suna yin haka.

Fafe gurbi

Gurbi ake fara yi. Rage harshe ya dace da gurbi abu ne mai sauƙi, gyaran cikin rami kuwa wahala ce.

Ɗaure katakon a kan benci, a saitin ƙafar bencin inda bugu ba zai yi tsalle ba. Tsaya ta ƙarshen katakon yadda idonka zai ga ko kurfin ya karkata dama ko hagu. Fara daga tsakiya: kafa kurfi a tsaye, buga, matsa kamar milimita 3, sake bugawa. Kowane sara zai fi na baya nutsewa saboda ya samu wurin da zai tura guntun. Je ka har kusa da ƙarshe, juyo ka bi ɗaya ɓangaren, sannan ka ɓanɓaro abin da ya taru. Bar milimita 2 ko 3 a kowane ƙarshe, domin a nan kurfi ke jingina idan kana ɓanɓara, kuma yana lotsa wurin. Sai zurfin ya kai sannan ka kafa kurfi a kan layin wuƙa, bayansa na kallon bango, ka sauke shi tsaye.

Idan gurbin zai fasa ta ɗaya gefen ne, yi rabi ta nan, juya katakon ka yi rabi ta can, su haɗu a tsakiya. Wanda ya zarce ta gefe ɗaya zai ɓalle bakin fita.

Fitar da harshe

Kafa katakon a karkace, bakinsa na kallon sama nesa da kai, yadda za ka riƙa ganin layi biyu lokaci guda, na kai da na gefe. Sa zarto a gefen da za a zubar, yana gogar layin ba tare da ya cinye shi ba. Yanka har ka kai kusurwar kafaɗa, juya katakon ka yi haka ta ɗaya gefen, sannan ka tsayar da shi ka cinye tudun da ya rage a tsakiya. Tsagin farko guda biyu su za su ja zarton, kai dai kada ka danna. Zarton da aka matsa wa shi ke kauce hanya.

Wajen kafaɗa, ɗauki kurfi ka ɗan fiƙe gefen layin wuƙa ta ɓangaren zubarwa, ya zama ƙaramin kwari. Kwantar da zarto a ciki ka yanka har kumatun, wato ɓangarorin gefe biyu na harshen, su faɗo.

Yanzu gwada. Haɗi mai kyau yana shiga da ƙarfin hannu ko ɗan bugu kaɗan, kuma idan ka ɗaga shi ba ya zarewa. In ya cije, kada ka tilasta masa da guduma, gurbin zai tsage. Zare shi ka duba jikin harshen: inda ya yi sheƙi nan ne yake gogawa, nan kaɗai za ka rage. In kuma ya yi sako-sako, manna siririn ɓawon itace a kumatun ka sake gyarawa.

Kulle shi da ƙusar itace

Wannan matakin ya fi kowanne burge ni, kuma shi ne aka fi mantawa da shi tun da gam ya yawaita.

Zare harshen. Huda rami mai faɗin milimita 6 zuwa 8 ya ratsa bangon gurbin biyu, kamar santimita ɗaya da ɗan wani abu daga bakin da kafaɗa za ta zauna. Cusa guntun katako a cikin gurbin kafin ka huda, don kada cikin ya farfashe. Mayar da harshen, matse shi sosai, zura bakin mahujin ta ramin ka ɗan danna ya bar tabo a jikin harshen. Sake zarewa.

Ga inda dabarar take. Ba a kan tabon za ka huda ba. Matsa kamar milimita ɗaya da rabi zuwa wajen kafaɗa, ka huda a can. Idan ka mayar da harshen ka leƙa ramin, za ka ga ramukan ba su yi saiti ba, wani ɗan baki kamar jinjirin wata ya tare hanya. Haka ake so. Ƙusar itacen da za ta bi ta nan dole ta lanƙwasa, kuma a ƙoƙarinta na miƙewa za ta riƙa jawo kafaɗar tana manna ta da jikin gurbin. Ko bayan shekaru itacen ya ƙara bushewa, jan yana nan. Lura da alkiblar sosai: in ka matsa zuwa bakin harshe maimakon kafaɗa, ƙusar tura haɗin za ta yi ya buɗe. A itace mai tauri ƙwarai rage tazarar, a manyan ginshiƙan gini kuwa takan kai milimita 3. Ido ba mudu ba ne amma ya san kima, bayan 'yan gwaje-gwaje ba za ka ƙara neman ma'auni ba. Ka tabbata kuma akwai isasshen itace tsakanin ramin da bakin harshen, in ba haka ba ƙusar za ta ɓalle shi.

Ita kanta ƙusar tsaga ta ake yi, ba a yanka ta da zarto. Ɗauki guntun busasshen itace mai tauri, ɗora wuƙa ko ƙaramin gatari a kansa ka buga ya tsage. Tsagawa tana bin jijiya daga farko har ƙarshe, shi ya sa ƙusar ke lanƙwasa ba ta karye ba. Zarto kuwa yana ratsa jijiyar, ya bar wurin da za ta ɓalle. Fere ta da wuƙa ta kusa zama da'ira, ka fiƙe bakinta da tsawo yadda zai lallaɓa ya wuce ta karkataccen ramin. Ta fi kaurin katakon tsawo sosai.

Buga ta a hankali, kana kallon kafaɗa. Za ka ga siririn layin hasken da ke tsakanin katakon biyu yana rufewa da kowane bugu har ya ɓace. Kasa kunne kuma: sautin yana tashi daga kwas-kwas ya koma dum-dum mai nauyi. Da ya canja, tsaya. Bugu ɗaya na ƙari yana iya tsaga aikin duka.

Da irin wannan haɗi da ƙusoshin itace aka ɗaure manyan rufunan katako na Turai, irin na zauren Westminster a Landan wanda Hugh Herland, kafintan Sarki Richard na Biyu, ya jagoranta a shekarun 1390, kuma yana nan har yau. Bayan gobarar da ta cinye rufin cocin Notre-Dame na Paris a 2019, kafintocin da suka sake shi sun koma ga gatari suka sassaƙe ginshiƙan da hannu, suka haɗa su yadda na farko suka yi.

Abin da ya rage shi ne ka yanke ƙusar ta ɓangarorin biyu, ka bar ɗan tudu, ka share shi da kurfi a kwance. Idan kayan na cikin ɗaki ne kana iya shafa gam kafin ka haɗa, amma in ka bar shi haka, ranar da wata ƙafa ko sanda ta lalace sai a buge ƙusar ta baya da siririn ƙarfe, ko a huje ta, a zare ɓangaren a sassaƙa sabo a mayar.