Darasi na Tara: Manna Allon Jifsam a Bangon Ɗaki

Allon jifsam garin dutsen jifsam ne da aka daskarar tsakanin takardu biyu masu kauri. Wanda aka fi samu faɗinsa santimita 120, tsawonsa 240, kaurinsa milimita 12.5. Nauyinsa ya haura kilo 20, don haka ku nemi abokin aiki. In an manna shi a bangon bulo, sai ɗaki ya fito sumul ba tare da an yi filasta ba.

Kafin ku sayi komai, ku dubi bangon. Ku ɗora tafin hannu a ƙasansa. In kun ji sanyin laima, ko kun ga farin gishiri yana fesowa, ku dakata. Allo ba ya maganin danshi, ɓoye shi kawai yake yi, kuma ranar wanka ba a ɓoyon cibi: bayan 'yan watanni takardar za ta yi baƙi, ɗaki ya ɗauki wari. A fara toshe inda ruwa yake shigowa, a bar bango ya bushe. Sannan a kankare tsohon fenti mai ɓarewa, a share ƙura.

Ku tanadi bokiti, cokalin gini, tef na awo, lebur (ma'aunin da ke nuna ko abu ya karkace), wuƙa mai kaifi da dogon katako miƙaƙƙe. Ku kashe wutar gidan kafin ku taɓa waya.

Yanka allon ba wuya. Ku auna tsayin bango, ku rage santimita ɗaya da rabi. Ku ja wuƙa a kan takardar gaba, ku karya allon ta baya, zai ce ƙas a kan layi, sai ku yanke takardar da ta rage. Ramin soket ma yanzu ake huda shi, ba bayan an manna ba.

Gam ɗin da ake manna allon da shi gari ne a buhu. Ruwa ake fara zubawa a bokiti, sannan gari, a dama har ya yi kauri, yadda in kun kife cokali ba zai zube ba. Kada ku kwaɓa da yawa. Gam ba ya jiran kowa, kuma lokacin da yake ɗauka kafin ya daskare yana rubuce a jikin buhu. Na taɓa kwaɓa bokiti guda, aka kira ni waje, ina dawowa na tarar da dutse, har cokalin ya maƙale a ciki.

Ku ɗana gam a bango curi-curi, kowane curi tsawon cokali, a jere uku daga sama zuwa ƙasa, na tsakiya da na gefe biyu. A ƙasa da kewayen soket ku ja shi ba yankewa. Ku ajiye guntayen allo a daɓe, ku ɗora babban a kansu, don kada gindinsa ya sha ruwa in ana goge ɗaki. Ku zaro waya ta raminta, ku danna allon, ku riƙa bubbuga shi a hankali da katakon nan.

Allon farko shi ne limamin sauran. Ku sa masa lebur a tsaye da a kwance, ku sake sawa. In ya karkace, duk na bayansa sun karkace.

Bayan gam ya kama, ku cire guntayen. Ku shafa garin cike mahaɗa inda alluna suka haɗu, ku danna tef na takarda a ciki, ku sake shafawa. In ya bushe, a goge da sanfefa, da ƙyalle a hanci, sannan fenti.

Abu mai nauyi kamar kabad ko talabijin kada a rataya shi a jikin allon kaɗai. Dole dogon ƙusa mai murɗi ya ratsa shi ya shige cikin bulo.