Yadda ake cire wa kare tsoro a hankali

Karen da ke haushi kamar zai tsinke sarƙa duk sanda kabu-kabu ya wuce ko ya hangi yara, yawanci ba mugunta ba ce, tsoro ne. Da yawa cikin karnukan gadi a nan Sakkwato sun sha jifa tun suna kwikwiyo, to in ka ƙara mishi da duka sai ya haɗa zafin da abin da ya gani, gobe ya fi yau rikicewa.

Da farko ka gano takamaiman abin da yake tsoro, babur ne, janareta, tsawar damina ko mutum riƙe da sanda. Ɗauki guda ka fara da shi.

Sai ka nemo tazara, nan aikin yake wallahi kuma nan mutane ke gaggawa. Ka sa mishi igiya ku fita fili, wani ɗan'uwanka ya hau babur can nesa, nesan da karen zai gani amma bai tashi hankali ba, ko da mita 50 ne ko fiye. Ka zuba wa jikinshi ido. In ya cusa wutsiya tsakanin ƙafafu, kunnuwa sun kwanta baya, yana lasar baki yana hamma alhali ba barci yake ji ba, ko ya sandare ya kafe ido, kun matso da yawa, ku ja baya. Babbar alama ita ce ka jefa nama ya ƙi ci.

Naman ya zama dafaffe ba yaji, hanta ta fi, a yanka ƙanana kamar ƙwayar gyaɗa. Don Allah ban da kilishi da tsire, don albasa da tafarnuwar da ake sa musu suna lalata jinin kare. In kana gudun yawunshi ka jefa a ƙasa gabanshi, duk ɗaya ne. Tsarin dai kar ya sauya: babur ya fara bayyana sannan nama ya biyo, babur ya ɓace nama ya tsaya. A haka yake koyon cewa ganin babur alheri ke biyo baya, irin abin da masanin nan na Rasha Pavlov ya gano da karnukanshi.

Minti 5 zuwa 10 ya isa, bayan asuba ko gab da magariba, don zafinmu na Maris zuwa Mayu yana wuce digiri 40 kuma karen da ke haki don zafi ba ya koyo da kyau. In ya yi kwanaki yana ganin babur yana waiwayo ka da neman nama, ku matsa taku biyu ko uku kawai. Ya yi haushi, ku koma inda kuka baro. Abin yakan ɗauki makonni har watanni.

In kuwa ƙara yake tsoro, kamar ta janareta ko tsawa, ka ɗauki sautin a waya ka kunna ƙasa-ƙasa yana cin abinci, kana ɗagawa kaɗan-kaɗan.

In ya yi gurnani kar ka dake shi, gargaɗi yake maka, in ka hana shi wata rana cizo zai yi ba sanarwa. Ka hana yaran gida tsokanar shi. Karen da ya taɓa cizo a saba mishi da takunkumi, a tabbatar ana mishi allurar ciwon haukan kare duk shekara, in kuma halin ya sauya ne dare ɗaya a kai shi asibitin koyarwa na dabbobi na Jami'ar Usmanu Danfodiyo a duba, ciwon kunne ko haƙori ma yana sa haka.