Darasi na 9: Iktiyofagi, Mutanen da Kifi Ne Abincinsu

Wannan darasi na ajin gaba ne, na waɗanda suka riga suka iya haɗa baƙi da wasali, suna kuma karanta gajeren labari ba tare da malami ya ja su ba. Mun ɗauko kalma guda, doguwa kuma baƙuwa, wadda ko masu ilimi mai zurfi ba kullum suke cin karo da ita ba. Da gangan muka yi haka. Wanda ya koyi karatu da girmansa yakan razana in ya ga doguwar kalma a takardar magani ko a littafin ɗansa, sai ya tsallake ta ya wuce. Alhali yawancin irin waɗannan kalmomi gajeru biyu ne ko uku aka haɗa wuri guda, kuma wanda ya iya raba ɗaya zai iya raba sauran.

Malami ya tanadi allo da alli, da gutsattsarin kwali guda biyar ga kowane rukuni na mutum huɗu. Darasin zai ci zama biyu, kowanne kamar minti 45. Kada a cusa shi a zama ɗaya.

Yadda ake karanta kalmar

Ga yadda take a littattafan Turawa: Ichthyophagi. Haruffa 12 ne, uku daga cikinsu h ne, kuma waɗannan h ɗin su ne ke rikita mai karatu. Asalin kalmar Girkanci ce, kuma a Girkanci akwai sautuka da Turawa ke rubutawa da haruffa bibbiyu. Inda aka ga ch a nan, k za a karanta. Inda aka ga th, mu t za mu ce. Inda aka ga ph, f ne. Harafin y kuma yana tsaye ne a madadin wasalin i. In aka bi wannan, kalmar ta koma gaɓa biyar da bakin Bahaushe zai iya faɗa: ik, ti, yo, fa, gi.

Malami ya rubuta gaɓa ɗaya a kan kowane kwali, ya cakuɗa su, rukuni ya jera. A fara da ti, yo, fa, gi, domin duk baƙi ne da wasali irin wanda aka saba. A bar ik sai ƙarshe. Nan ne ake yawan tuntuɓe, ɗalibi ya ce iki ko ici. Mai cewa ici ya ga c ne ya karanta ta kamar ta cikin ciki da cokali. Mai cewa iki kuwa harshensa ne ke neman wasali bayan baƙi. Maganinsa a sa shi ya faɗi likkafani ko littafi a hankali, ya ji yadda gaɓar farko ke rufewa da baƙi, sa'an nan ya dawo kan ik.

Bayan karatu sai ma'ana. A raba kwalayen gida biyu. Iktiyo daga kalmar Girkanci ta kifi ta fito. Fagi daga kalmarsu ta ci. Haɗe, masu cin kifi, kuma jam'i ne, ba a kiran mutum ɗaya da ita. Kowane ɓangare yana yawo a wasu wurare: sunan da masana ke kiran ilimin kifaye da shi da iktiyo ya fara, sunan da likitoci ke kiran bututun da abinci ke bi daga maƙogwaro zuwa ciki kuma yana ɗauke da fag ɗin nan.

Su wane ne aka kira haka

Ba sunan ƙabila ɗaya ba ne, kuma wannan shi ne abin da muke so ɗalibi ya riƙe fiye da komai a darasin. Girkawan zamanin da sun saba laƙaba wa mutanen nesa suna bisa abincinsu. Suna da masu cin kunkuru, masu cin fara, masu cin jimina, masu cin saiwa. Haka suka kira al'ummomi daban-daban, waɗanda ba su haɗa harshe ko dangantaka ba, da Iktiyofagi, saboda kawai suna zaune a bakin ruwa kuma kifi ne babban abincinsu.

Marubucin tarihi Hirodotus ya ambace su a labarin Kambisis, sarkin Farisa da ya ci Masar da yaƙi a shekara ta 525 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Da sarkin ya so leƙen asirin masarautar da ke kudu da Masar, sai ya aika aka kirawo masa wasu Iktiyofagi daga tsibirin Elefantin da ke cikin kogin Nilu, daura da garin Aswan na yau, domin sun iya harshen mutanen can. Ya ba su kyaututtuka su kai: riga ta alfarma, sarƙar zinariya da awarwaro, turare, da tulun giyar dabino. A lura, waɗannan tafintoci ne da manzanni, mutanen da ake iya aikawa fadar sarki.

Labarin da ya fi yawan bayani shi ne na Niyarkus, shugaban jiragen ruwan sarki Iskandar na Makidoniya. A shekara ta 325 kafin haihuwar Annabi Isa ya taso daga bakin kogin Indus ya bi gaɓar teku zuwa Tekun Fasha. Gaɓar da ya ratsa ita ce Makran, wadda a yau take kudancin Pakistan da Iran, inda garuruwan Gwadar da Pasni suke. Ƙasa ce busasshiya mai ƙarancin ruwan sama. Mutanen wurin, in ji labarin, suna saƙa manyan taruna da ɓawon dabino. Ƙananan kifaye masu taushi ɗanyu suke cinsu. Manya kuwa sukan shanya su a rana har su bushe, su niƙa su zama gari, su yi gurasa da shi. Tumakinsu ma busasshen kifi ake ba su don babu makiyaya, har naman yakan yi ƙarnin kifi. Masu hali a cikinsu suna gina ɗaki da ƙasusuwan manyan dabbobin teku masu siffar kifi, waɗanda tsawon wasunsu ya haura mita 15: haƙarƙari ya zama azara, muƙamuƙi ya zama madogaran ƙofa. Wasu na cewa sunan Makran kansa daga kalmomin Farisanci na masu cin kifi ya samo asali, amma masana da dama suna danganta shi da Maka, tsohon sunan yankin a rubuce-rubucen sarakunan Farisa.

A nan malami ya ɗan dakata a kan shekarun. Lissafin kafin haihuwar Annabi Isa baya-baya yake tafiya, adadi mafi girma shi ne mafi daɗewa. Don haka 525 ta riga 325, kuma tsakaninsu shekara 200 ce. Ɗalibai da yawa suna juya wannan, domin sun saba da kalandar bango inda adadi ke ƙaruwa gaba.

Na uku su ne mazauna gaɓar Bahar Maliya, waɗanda wani Bagirke mai suna Agatarkidis ya siffanta a ƙarni na 2 kafin haihuwar Annabi Isa. Kafin a karanta nasu sai an yi wa ɗalibai bayanin abin da mutumin tudu bai saba gani ba. Ruwan teku yakan cika ya hau kan gaɓa, ya sake janyewa, kusan sau biyu a kowane kwana, saboda jan da wata ke yi masa. Da wannan mutanen suke kamun kifi, ba jirgi ba ƙugiya. Sukan jera manyan duwatsu a bakin kwazazzabai masu buɗewa ga teku. Ruwa ya cika ya haure duwatsun da kifi a cikinsa. In ya tashi janyewa sai ya tsiyaye ta tsakankanin duwatsun, kifin ya maƙale a baya. Mata da yara su tsinci ƙanana, maza su far wa manya da ƙahonin awaki masu tsini da duwatsu masu kaifi.

Sarrafawar ta fi kamun ban sha'awa. Ana shimfiɗa kifin a kan duwatsun da rana ta gasa, can an jima a juya shi. In ya yi, a kama shi ta wutsiya a girgiza, tsokar ta zube, ƙashin bayan ya rage a hannu a jefa shi kan tsibi. Tsokar a tara ta a kan fa mai santsi a tattaka sosai, a haɗa da 'ya'yan wani itace mai ƙaya, dangin kurna da magarya, a cuccura kamar yadda ake cura ƙuli-ƙuli, a sake shanyawa. Ranar da guguwa ta taso ruwa ya ƙi janyewa yadda ya saba, wannan dabara ba ta aiki. Sai su koma ga katantanwar teku, in ita ma ta ƙare su koma kan tsibin ƙasusuwan nan, su tauna masu taushi su daddaka masu tauri.

Mai karatu ya san cewa baƙi ne suka rubuta duk wannan, wasunsu ma ji suka yi ba gani ba, kuma akwai raini a yadda suke siffanta mutanen. A ganinmu wanda ya karanci lokutan ruwa har ya sa teku ta kawo masa abinci bakin ƙofa ba jahili ba ne, kuma ya kamata malami ya faɗi haka a aji.

Yadda za mu faɗa da Hausa

Zama na biyu daga nan zai fara. Hausa tana da hanya biyu. Ta farko mai da masu: mai cin kifi, masu cin kifi. Wannan ta dace da kowa, har wanda yau kaɗai ya zauna gaban kwanon tarwaɗa. Ta biyu ita ce a sa ma a farkon aikatau, kamar yadda noma ta ba da manomi, sani ya ba da masani. Daga ci sai a sami maciyi ga namiji, maciyiya ga mace, maciya ga jam'i. Wannan siga tana nuna abin da ya zama ɗabi'a ko sana'a, don haka ita ce ta fi kusa da abin da Girkawa ke nufi: maciya kifi.

A kula da ɗauri. Tilo yana ɗaukar n ko r kafin abin da ke biye: maciyin kifi, kamar masanin tarihi da masaniyar tarihi. Jam'i kuwa yawanci kai tsaye yake tafiya, kamar manema labarai da mazauna gari. Kuma kada a bar maciyi shi kaɗai a jimla. In ba a faɗi abin da yake ci ba, mai sauraro zai ɗauka mai yawan ci ake nufi. Ɗan'uwansa mashayi ya fi shi nisa a wannan hanya, domin ba wanda zai kira mai shan ruwa mashayi.

Kuskuren rubutu da ya fi yawa shi ne maciji a gurbin maciyi. Harafi ɗaya ne ya raba su, kuma a rubutun hannu j da y duk jela gare su a ƙasan layi. Maciji daga ciza ya fito, z ta koma j a gaban i, kamar kaza da kaji. Malami ya sa kowa ya rubuta su biyun gefe da gefe sau biyar, yana ɗiga wa j ɗigonta. Kifi kuma da k marar lanƙwasa ake rubuta shi, jam'insa kifaye, amma tarwaɗa da zalɓe sai da lanƙwasa.

Kuskure na biyu na ma'ana ne, wato haɗa mai kamu da mai ci. Masunci, jam'i masunta, shi ne mai sana'ar su, wato kamun kifi. Masuntan Argungu da Sarkawan bakin Kwara suna kama kifi, suna ci suna sayarwa, amma tuwo da sauran abincin hatsi suna nan a gidajensu. Ba daidai ba ne a rubuta cewa su Iktiyofagi ne. Kalmar ta tarihi ce, ta mutanen da aka ambata a sama, kuma in za a yi amfani da ita a rubutun Hausa a biyo ta da fassara a karon farko, misali: Niyarkus ya ratsa ƙasar Iktiyofagi, wato maciya kifi.

Ga dabbobi, masana kimiyya sun fi amfani da wata kalma daga Latin, piscivore, ita ma kifi ce da ci a haɗe. Mu sai mu ce dabba mai cin kifi. Zalɓe da kwasakwasa suna ciki, haka tsage da giwan ruwa, waɗanda kifaye ne masu cin 'yan'uwansu. Dorina da ayu ba sa ciki, ko da yake a ruwa suke, domin ciyawa suke ci. Akwai kuma kalmar zamani, pescatarian, da ake gani a jaridu da intanet. Ita tana nufin wanda ya zaɓi barin nama don kansa, yana cin kifi da hatsi da ganye. Ta bambanta da ta darasinmu, domin mutanen Makran ba zaɓa suka yi ba, abin da ƙasarsu ta bayar ke nan.

Aikin yi

Kowane ɗalibi ya rubuta Iktiyofagi gaɓa-gaɓa ba tare da duban allo ba, ya ja layi inda kifi ya ƙare ci ya fara. Sa'an nan ya fitar da namiji, mace da jam'i daga waɗannan: bi, sani, rubuta, saƙa. A rubuta za a ga t ta koma c a tilo, marubuci da marubuciya, ta dawo a marubuta, kamar dai masunci da masunta.

Bayan haka ya gyara waɗannan jimloli uku, ya kuma faɗi da baki abin da ya ɓata kowacce: Zalɓe macijin kifi ne. Dorina maciyiyar kifi ce. Shekara ta 325 kafin haihuwar Annabi Isa ta riga ta 525.

Na gida kuwa, a rubuta layi shida a kan yadda mutanen Bahar Maliya ke sarrafa kifi, daga jera duwatsu har zuwa shanya ta biyu, kowane mataki a layinsa. Wanda ya manta inda 'ya'yan itacen nan suke shiga ya koma ya sake karanta sakin layin kafin ya kawo wa malami.