Durowar omo ta injin wanki: kurakuran da aka fi yi da yadda za a gyara

Ranar nan naje gidan ƙanwata na tarar tana mita wai injinta baya fitar da datti, kayan makarantar yara suna fitowa da dauɗar wuya kamar ba'a wanke ba, har ta kira mai gyara. Nace bari in gani. Ina jawo durowar sai naga omo jibge a gurbin da aka rubuta I, gurbin II kuwa wayam. Wata biyu kenan ashe da ruwa zalla injin yake yin babban wankin.

Toh abinda mutane basu gane ba shine durowar nan gurbi uku gareta a yawancin injina masu ƙofa a gaba, kuma kowane gurbi da lokacin da ruwa yake bi ta cikinsa. Mai alamar I na jiƙon farko ne, ruwa baya ɗaukar abinda ke ciki sai kin zaɓi wankin farko da kanki, na kaya masu datti sosai kamar kayan ƙwallon yara ko na gona. Mai alamar II shine na ainihin wanki, nan ake zuba omo kullum. Mai hoton fure kuma na ruwan laushi da ƙamshi ne irin su Comfort, sai a ɗaurayar ƙarshe injin yake janye shi. Kar ki ce ai na hagu ne na farko, injina da yawa II ne a hagu, alamar zaki duba ba jeri ba.

Gurbin furen nan shi yafi shan wahala wallahi. Akwai layi da aka rubuta MAX, in kika wuce shi akwai ɗan bututu a ciki mai zuƙo ruwa, take zai tsiyaye ruwan ƙamshin gaba ɗaya tun kafin a fara wanki, ya haɗu da omo a wanke shi ya tafi, kinga anyi asarar kuɗi kuma ƙamshin babu. In yayi kauri ki ɗan sirka da ruwa amma dai kar ya haye layin. Kuma in kika ga ruwa ya tsaya cik a gurbin bayan an gama, bututun ne ya toshe, zare murfinsa ki wanke.

Sai maganar omon kansa, wannan ita tafi damuna. Mun saba da wankin hannu, in bamu ga kumfa ta cika baho ba hankalinmu baya kwanciya. Injin mai ƙofa a gaba ruwa kaɗan yake sha, kayan yake ɗagawa ya maka su ƙasa, kumfa in tayi yawa sai ta zama kamar katifa ta hana bugun, ɗauraya ta ƙi fita, wani lokacin ma ta biyo ta durowar ta malale a ƙasa. Ki nemi wanda aka rubuta na inji ne a jikin ledar, ki auna yadda suka ce. Farin gari da kike gani a jikin baƙar abaya ba ƙarancin omo bane, yawansa ne.

Masu 'yan ƙullin sabulun nan na leda mai narkewa, ba'a sa su a durowa sam, a ƙasan gangar injin, inda kaya ke shiga, ake jefawa kafin a zuba kaya. Hypo kuma kar a tuttula shi a gurbin fure, ki duba littafin injinki ko yana da wurinsa, kuma dan Allah kar a taɓa haɗa shi da ruwan khal, iskar da yake fitarwa guba ce.

In omo yana daskarewa a gurbin ya zama kamar tuwo, abu biyu ne. Ko an zuba shi durowar tana jiƙe, ko ruwan bashi da ƙarfi, wanda mu masu tanki a sama mun san wannan, in tankin ya kusa ƙarewa ruwan sai dai ya riƙa ɗiga. Goge gurbin ya bushe kafin ki zuba, ki buɗe famfon har ƙarshe, in ruwan bai ƙara ƙarfi ba ki rufe famfon, ki kwance tiyon baya mai shigo da ruwa ki wanke 'yar rariyar dake bakinsa don yashin rijiyar burtsatse yana taruwa a nan.

Durowar kanta tana fita, da yawa basu sani ba. Ki jawo ta har ta tsaya, ki danna ɗan harshen dake wajen gurbin fure sai ta zaro. Ruwan ɗumi da tsohon buroshin haƙori, sannan ki leƙa cikin ramin ki goge ƙananan hudojin sama inda ruwa ke fesowa, nan baƙar fumfuna take ɓuya, ita ke sa kaya warin ɗanshi musamman da damina. Ni sau ɗaya a wata nake yi, kuma in an gama wanki ina barin durowar da ƙofar a ɗan buɗe su sha iska.