Yadda Ake Auna Alhakin Masanan da Suka Ƙera Bam ɗin Nukiliya na Farko

Duk mai son yin adalci a wannan tarihi, sai ya fara da jera al'amuran bisa kwanakinsu, domin ba a kama mutum da laifin abin da bai sani ba ranar da ya yanke shawara. Ka soma da Disambar 1938, lokacin da Otto Hahn da Fritz Strassmann suka tsaga ƙwayar zarrar yuraniyom a Berlin, Lise Meitner kuma ta fayyace abin da ya faru. Sai wasiƙar da Leo Szilard ya tsara, Einstein ya sa wa hannu a Agustan 1939, wadda ta gargaɗi Shugaba Roosevelt na Amurka cewa Jamus tana iya riga kowa mallakar makamin.

Daga nan ka tsaya a ƙarshen 1944, domin a nan nauyin maganar yake. Tsoron Hitler ne ya tara masana a Los Alamos, cibiyar ƙera bam ɗin a Amurka, ƙarƙashin Robert Oppenheimer, amma da ta bayyana cewa Jamus ba ta kusa samun bam ba, ɗaya daga cikinsu, Joseph Rotblat, ya ajiye aikin ya tafi, sauran kuwa suka ci gaba har bayan Jamus ta miƙa wuya a Mayun 1945. Duk masanin da ka ɗauko, ka bincika abin da ya yi bayan hujjarsa ta farko ta kau. Wasunsu sun ɗaga murya: rahoton da wasu masanan aikin suka rubuta ƙarƙashin James Franck a watan Yuni ya nemi a gwada bam ɗin inda babu jama'a, duniya tana kallo, masana 70 kuma suka sa hannu a koken Szilard na neman kada a jefa wa Japan bam ɗin sai an ba ta damar miƙa wuya, wanda bai isa ga Shugaba Truman, magajin Roosevelt, ba kafin a jefa bam ɗin a Hiroshima da Nagasaki a watan Agusta. A ganina wannan ya rage musu laifi, bai wanke su ba.

Ka kuma saurari masu cewa mamaye Japan da sojoji zai fi jefa bam ɗin cin rayuka, sannan ka gwada hujjarsu da shigar Tarayyar Sobiyet yaƙi da Japan ranar 8 ga Agusta, wadda wasu masana tarihi ke ganin ita ma ta taimaka wajen durƙusar da ƙasar.

Kada ka rufe lissafi ba tare da waɗanda ba a nemi shawararsu ba: mutanen Hiroshima, inda ake ƙiyasin kimanin 140,000 sun mutu kafin ƙarshen 1945, da na Nagasaki, da leburorin mahaƙar Shinkolobwe a Kwango, inda aka haƙo mafi yawan yuraniyom ɗin farko na aikin.