Yadda ake jingina labarin soyayya da tsarin foldar kwamfuta

Rubuce-rubuce uku aka turo mini in duba a zauren marubutanmu na WhatsApp, duka ukun sun faɗi a rami ɗaya: jarumi ya buɗe baki ya ce, "Zuciyata folda ce, ke ce fayil ɗin ciki." Kada ki rubuta haka. Wanda yake cikin so ba ya magana kamar malamin kwamfuta.

Da farko ki zana tsarin a takarda. Babbar folda ita ce rayuwar mutumin, a ƙarƙashinta Aiki, Iyali, Makaranta. Sai ki tambayi kanki, ina ya ajiye masoyiyarsa? Wadda hotonta ke saman allo daban take da wadda sai an shiga folda huɗu kafin a iske ta. Ba sai kina da laftof ba, manhajar fayil ta wayarki ta isa gwaji, ba ta cin data.

Na biyu, a nan na fi shan wuya, shi ne ki bar na'urar ta yi maganar. A Windows, fayil biyu masu suna ɗaya ba sa zama a folda ɗaya. In aka kawo na biyu, kwamfuta za ta tsaya ta yi tambaya: a maye gurbin na farkon, a fasa, ko a bar su duka? A wani labarina, na yi wata guda ina sa uwargida kuka da dogon jawabi, bai taɓa zuciyar kowa ba. Daga baya na zaunar da mijin da daddare, fanka na juyawa, yana kwafe hotunan biki zuwa foldar Iyali. Sabon hoton sunansa Amarya. Akwai wani Amarya a ciki tun shekara 12 da suka wuce. Yatsansa ya tsaya. Uwargida na bayansa riƙe da kofin shayi, tana kallon allon. Ki yanke babin a nan, kada ki ƙara ko jimla ɗaya ta bayani.

Sauran masu sauƙi ne. In an matsar da folda, duk abin da ke cikinta yana binta, kamar yadda yara kan bi uwa in ta yi yaji. Abin da aka goge yana kwance a kwandon shara har sai an zubar, wannan ya yi daidai da kwanakin idda. Yin irin wannan kwatance sau biyu ko uku a littafi ya wadatar, in ya wuce haka mai karatu zai gundura.