Inda Ɗalibai Suka Fi Tuntuɓe a Lissafin x da y

Idan aka ba ɗalibi ikweshan biyu (wato layukan lissafi masu alamar daidai, =) aka ce ya nemo x da y, yawanci ya san hanyar. Alamar ragi ce ke kayar da shi.

Duba wannan: 3x + 2y = 16, da 3x − y = 1. Ana so a ɗebe na ƙasa daga na sama domin 3x ya tafi. To, 2y a ɗebe −y nawa ne? Da yawa sai su rubuta y, su ce y = 15. Ina! Ragi ya haɗu da ragi, sun koma tarawa: 3y = 15, wato y = 5, x kuma 2. Maganin abin shi ne kafin ka taɓa komai, ka sauya alamar duk abin da ke layin ƙasa, ya zama −3x + y = −1, sannan ka tara layukan. Ya fi tsawo da layi ɗaya, amma ni na fi yarda da shi a kan ɗebewa da ka.

Sai ninki rabi da rabi. Mutum zai ninka x + 2y = 7 sau uku, ya rubuta 3x + 6y = 7, ya manta da bakwai ɗin a bayan alamar daidai. Ai 21 ya kamata ta zama.

Masu bin hanyar maye gurbi kuwa, baka, wato alamar ( ), ce matsalarsu. Ka samu x = 7 − 2y, za ka sa shi cikin 3x + y = 11. Rubuta 3(7 − 2y) tukuna, domin ukun nan ya shafi kowa a ciki: 21 − 6y. Kuma kada ka mayar da shi cikin ikweshan ɗin da ka ciro shi, 7 = 7 kawai za ka tarar.

Wani lokaci x da y duk su ɓace, ɗalibi ya firgita ya soke aikinsa, alhali daidai yake. In 0 = 0 ya rage, layi ɗaya ne aka rubuta sau biyu, amsoshi ba iyaka. In abu kamar 0 = 1 ne, in ka zana ikweshan biyun a graf, layukan a jere suke tafiya ba sa haɗuwa, babu amsa.

Kafin ka miƙa takarda, gwada amsarka a duka biyun. Amsar kuskure takan dace da ikweshan ɗin da ka yi amfani da shi a ƙarshe, ɗayan ne ke tona ta: mai y = 15 zai samu x = 16/3 a na ƙasa, amma na sama ya ba shi 46 maimakon 16.